Ƙwayoyin zuciya da ba tsoka ba: muhawarar da aka yi a zauren malamai da ma'aikatan lafiya na Maradi

Mushe, mai koyar da kimiyyar halittu a lise:

Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Na kwana biyu da wata magana a cikina, yau dai na ga gara in kawo ta gabanku, domin ta ɓata mini rai ƙwarai. Wasunku sun san nakan rubuta ɗan darasin lafiya da Hausa wanda ake karantawa a wani gidan rediyo na nan garin, kuma darasin wannan makon a kan zuciya yake. A cikinsa na zo kan kalmar da littattafan likitanci ke kira non-miyosit, wato duk ƙwayoyin halittar da ke cikin zuciya waɗanda ba su ne ke tsukewa su tura jini ba. Na fassara ta da "ƙwayoyin zuciya da ba tsoka ba". Da takardar ta dawo daga hannun mai duba mana ita, sai na tarar ya soke fassarata da jan biro ya rubuta "ƙwayoyin cike gurbi", bai kira ni ba, bai kuma tambayi dalilina ba.

Ni a ganina "cike gurbi" kuskure ne babba. Gaskiya ne idan girma aka auna, tsokar ita ke da kashi 70 zuwa 85 cikin 100 na naman zuciya, saboda ƙwayoyinta manya ne. Amma idan ƙidaya aka yi ɗaya bayan ɗaya, ƙwayoyin tsokar ba su wuce kusan ɗaya bisa uku ba, sauran duk waɗannan da ake son a kira masu cike gurbi ne. A cikinsu akwai andoteliyal masu shimfiɗe a cikin hanyoyin jini, da fiburobulas masu saƙa zaren kolajen da ke riƙe da zuciya, da perisit masu nannaɗe da ƙananan hanyoyin jini, da makurofaj masu kwashe abin da ya mutu. Idan hanyar jini ta toshe wani yanki na tsokar ya mutu, tsokar ba ta sake tsirowa, fiburobulas ne ke ɗinke wurin da tabo. In ba su yi ba bangon zuciya na iya fashewa, in kuma suka zarce da saƙa zuciya ta yi tauri ta kasa cika da jini yadda ya kamata. Yaya za a ce da mai wannan aiki mai cike gurbi? Ina neman shawararku kafin ranar Alhamis: in dage a kan tawa, ko in bar tasa ta wuce?

Majo, tsohon ma'aikacin jinya:

Wa alaikumus salam. Mushe, na karanta bayaninka, amma ni tun kan kalmar "tsoka" na tsaya. Mahaifina mahauci ne a babbar kasuwa, a gaban tebur na tashi, kuma a wurin mahauci da mai saye zuciya gaba ɗayanta tsoka ce, tun da ba ƙashi a cikinta. Idan ka gaya wa tsohuwa a Tibiri ko Madarumfa cewa akwai abin da ba tsoka ba a cikin zuciya, kitse za ta fahimta, ko kuma gudan jini. Ka ga ke nan fassararka ma ta kai mai sauraro wani wurin da ba ka nufa ba.

Malam, mai koyar da Hausa:

Baba Majo, da girmamawa, ban yarda ba. Harshe ba ya tsayawa a inda mahauci ya ajiye shi. Nama suna ne mai faɗi, ya haɗa da hanta da tumbi da kitse, ita kuwa tsoka jan nama ce zalla, shi ya sa ake cewa tsoka ɗaya a miya idan ana nufin abu mai daraja da ba shi da na biyu. Kuma Bahaushe ya daɗe yana cewa tsokar hannu da tsokar cinya yana nufin abin da ke motsa gaɓa, wanda shi ne ainihin abin da likitoci ke nufi. Ita kanta miyosit ɗin daga kalmomin Girkanci biyu aka ƙera ta, ɗaya mai nufin tsoka, ɗaya mai nufin abu mai rami kamar ƙwarya, ba daga sama ta faɗo ba. Tun watan Maris na 2025 dokar ƙasa ta ce Hausa ce harshen ƙasa a Nijar, don haka dole mu saba da ɗora wa kalmominmu nauyin ilimi, mu daina gudunsu duk lokacin da wani ya ce tsohuwa ba za ta gane ba.

Majo:

Malam, doka ba ta sauya abin da kunne ke ji. Na yi shekaru ina yi wa marasa lafiya bayani a bakin gado, kai kuma a gaban allo kake, ɗalibanka in ba su gane ba suna ɗaga hannu. Mai sauraron rediyo ba shi da hannun ɗagawa.

Ɗaliba, mai karatun likitanci:

Iyayena da malamaina, ku yi mini izini in sa baki. Ina ganin matsalar "tsoka" ta fi wadda ake tattaunawa zurfi, kuma tana nan har a cikin kalmar Turawan kanta. Jiki yana da tsoka iri uku: ta gaɓoɓi wadda mutum ke motsawa da nufinsa, da ta zuciya, da tsoka mai santsi wadda ke bangon hanji da mahaifa da jijiyoyin jini. To, jijiyoyin da ke ciyar da zuciya suna da wannan tsoka mai santsi a bangonsu, kuma ƙwayoyinta miyosit ne na gaskiya, amma duk da haka masu bincike suna lissafa su a cikin non-miyosit idan suna ƙidayar ƙwayoyin zuciya. Saboda haka ne waɗanda suka fi taka-tsantsan suke rubuta non-kardiyomiyosit, wato waɗanda ba tsokar bugun zuciya ba. Idan Mushe ya ce "da ba tsoka ba" ya kwafo kuskuren da ke cikin gajeriyar kalmar.

Akwai kuma kishiyar wannan. Zaruruwan da ke kai saƙon lantarki cikin ɗakunan ƙasa na zuciya, waɗanda ake kira da sunan Purkinje, masanin ƙasar Cek da ya gano su a 1839, mutane da yawa suna ɗaukar su jijiyoyi ne, alhali ƙwayoyin tsokar zuciya ne da suka sauya aiki. Haka ma ƙullin da ke tayar da bugu, wanda Keith da Flack suka bayyana a 1907. Su kusan ba sa tura jini, amma ba a sa su cikin non-miyosit. Ni da zan ba da shawara, sai a ce "ƙwayoyin da ba na tsokar bugu ba".

Majo:

Ƴata, kin ce jijiyoyin jini, kin kuma dawo kin ce mutane suna ɗaukar zaruruwan nan jijiyoyi ne. Wace jijiyar kike nufi? A Hausa hanyar jini jijiya ce, mai kai saƙo daga ƙwaƙwalwa jijiya ce, farin abin nan mai tauri da ke agara jijiya ce, har saiwar itace wasu jijiya suke ce mata. Kin zo gyara kalma ɗaya kin shigo da wata da ta fi ta ruɗani. Wannan ne abin da nake gaya wa Malam.

Malam:

Ai ta bambanta, Baba Majo. Ta ce jijiyar jini, wannan a fili yake. Ɗayar kuma a ce jijiyar saƙo, magana ta ƙare. Faransanci ma yana da kalmomi masu ma'ana uku da huɗu, ban taɓa jin an ce a jefar da shi saboda haka ba.

Ungozoma:

Ni dai ina bayan Baba Majo, domin shi ya koya wa da yawa daga cikinmu aiki. Muna ganin mata masu jego da ƙafa ta kumbura, numfashi ya gagara in sun kwanta, an yi eko, wato hoton zuciya na asibiti, an ga zuciya ta buɗe ta yi rauni, kuma wannan ciwo sananne ne a ƙasar Hausa, tun shekarun 1970 likitoci a Zariya suka yi rubutu a kansa. Abin da nake gaya wa irin wannan mace shi ne naman zuciyarki ya gaji, ki rage gishiri da kanwa, ki sha maganinki, kada ki yi gaggawar sake ɗaukar ciki. Ban taɓa cewa tsoka ba, kuma suna ganewa. A bar "naman zuciya" kawai.

Ɗaliba:

Yaya, "naman zuciya" ya dace da bayanin da kike yi wa mai jego, amma ba zai raba abin da Mushe ke son rabawa ba, tun da fiburobulas da andoteliyal su ma a cikin naman zuciyar suke.

Dokta, likita da ya yi karatu a Najeriya:

Na shigo a makare, na karanta daga sama. Ƙanwata ɗaliba ta yi daidai a kan tsoka mai santsi. Amma ina da gyara ga Mushe a kan lissafinsa, domin "ɗaya bisa uku" ya danganta da dabbar da aka auna da hanyar da aka bi. Shekaru da dama littattafai suna cewa fiburobulas ne suka fi yawa a zuciya. Sai wani bincike da aka buga a mujallar Circulation Research a 2016, wanda akasarinsa a kan ɓeraye aka yi, ya nuna cewa a cikin non-miyosit andoteliyal sun haura kashi 60 cikin 100, fiburobulas ba su kai kashi 20 ba, masu asali daga jini kuma kashi 5 zuwa 10. A 2020 mujallar Nature ta buga wani aiki a kan zukatan mutane 14, inda aka bi kusan rabin miliyan na tantanin halitta ɗaya bayan ɗaya, aka sami tsokar bugu kusan kashi 49 cikin 100 a ɗakunan ƙasa, kusan kashi 30 a ɗakunan sama. Saboda haka a rediyo ya fi aminci a ce "rabi ko fiye da rabi ba tsokar bugu ba ne". Sannan ku lura na rubuta tantanin halitta, domin ita ce kalmar da na saba gani a rubuce-rubucen kimiyya da Hausa. "Ƙwayar halitta" da kuke ta faɗi, a wurare da yawa abin gado ake nufi da ita, wanda ɗa ke ɗaukowa daga iyaye.

Malam:

Dokta, tantani fa fata ce siririya, kamar tantanin kunne ko tantanin ƙwai ko wanda ake sa wa kalangu. Abin da muke magana a kansa kuwa ɗan dunƙule ne mai ciki da waje. Tantani bangonsa ne kawai, yaya za a kira ɗaki da sunan bangonsa? Ƙwaya ita ce daidai, kamar ƙwayar hatsi a cikin zangarniya. Ba duk abin da aka rubuta a Kano ko Zariya ne ya zama dole a kanmu ba, Maradi ma ƙasar Katsina ce, ba aron Hausa muka yi ba.

Dokta:

Malam, ban ambaci Kano ba, kai ka kawo ta. Abin da na ce shi ne, idan ɗalibi daga nan ya tsallaka Jibiya ya buɗe littafi, ya kamata ya tarar da kalmar da ya sani. Mu da ke karɓar marasa lafiya daga ɓangarorin iyaka biyu mun fi kowa jin zafin rarrabuwar kalmomi.

Majo:

A nan kam ina tare da Dokta, ko da yake dalilina daban ne. A asibiti idan ka ce ƙwaya, magani ake ji. Idan ka ce "ƙwayoyin zuciya" a rediyo, wallahi rabin masu sauraro za su ɗauka maganin hawan jini kake nufi, wasu kuma tunaninsu zai tafi ga ƙwayar da ke lalata mana matasa. Ga kuma ƙwayoyin cuta. Kalma ɗaya ta ɗauki kaya huɗu, Malam kuma yana son a ƙara mata na biyar.

Malam:

Ɗazu kun ce tsoka ba ta yi ba, kun ce jijiya ba ta yi ba, yanzu ƙwaya ma ba ta yi ba. To, Baba Majo, ku faɗa mana da wace kalma za a koyar da yaranmu, ko kuwa nufinku a bar kimiyya cikin Faransanci har abada, yaron da bai ci jarrabawar shiga koleji ba ya mutu bai san abin da ke ƙirjinsa ba?

Majo:

Ban ce haka ba, kuma ba na son a sa mini magana a baki. Na yi wa mutane bayanin ciwonsu da Hausa tun kafin wasu a zauren nan su shiga lakwal.

Mushe:

Jama'a, ku yi haƙuri, ina roƙon mu dawo kan tambayar. Na karɓi gyaran Dokta a kan adadi, na kuma karɓi na ɗaliba a kan tsoka mai santsi, na gode musu. Amma har yanzu ba wanda ya ce uffan a kan "cike gurbi", alhali ita ce za a karanta ranar Alhamis in ban hana ba. Bari in ƙara hujja ɗaya. Masu bincike na cibiyar Karolinska a Suwidin sun yi amfani da sinadarin kabon 14 da gwajin bama-baman nukiliya ya watsa a iska kafin a hana yin sa a sarari a 1963, suka gane shekarun ƙwayoyin zuciyar mutum. Sakamakon da suka buga a 2009 ya nuna cewa tsokar bugu tana sabuntawa da kusan kashi 1 cikin 100 a shekara ga mai shekara 25, ta ragu zuwa ƙasa da rabin haka ga mai shekara 75. A aikinsu na 2015 kuma suka ga andoteliyal suna sabuntawa da fiye da kashi 15 cikin 100 a shekara. Wato ɓangaren da ke iya sabuntawa da gyara shi ne wanda ake son a kira mai cike gurbi. A 2017 ma an nuna cewa makurofaj da ke ƙullin tsakanin ɗakunan sama da na ƙasa suna taimakawa wajen wucewar saƙon lantarki. Wannan nake so ku yi hukunci a kai.

Ungozoma:

Mushe, kafin a je nan, ni abin da ban ji daɗinsa ba shi ne yadda Malam ya yi wa Baba Majo magana. Ko da sabanin ra'ayi, akwai yadda ake yi wa babba tambaya.

Malam:

Hajiya, ban zagi kowa ba, tambaya na yi, kuma har yanzu ba a amsa ta ba. Idan ta yi kaifi ina neman afuwar Baba Majo, amma ina nan a kan cewa ƙwaya ta fi tantani.

Dokta:

Ni ma ina nan a kan tantani. Kuma in ana son gaskiya, a tsakaninmu likitoci ba wanda ke fassara non-miyosit, kalmar ɗakin bincike ce, ba ta shiga takardar magani, ba ta kuma shiga bayanin da ake yi wa majiyyaci. Ban ga abin da zai kai ta rediyo ba tun farko.

Mai kula da zaure, mai kantin magani:

Dare ya yi, saƙonni sun yi yawa, bari in taƙaita abin da na fahimta domin waɗanda za su karanta da safe. Na farko, mafi yawan masu aiki da marasa lafiya, wato Baba Majo da Hajiya da Dokta, sun nuna cewa "tsoka" da "ƙwaya" suna rikita mai sauraro, kuma ni ma abin da nake gani ke nan kullum a kantina, domin duk wanda ya ce mini ƙwaya magani yake nema. Na biyu, an ga cewa fassarar Mushe tana da kuskure, shi da kansa ya amsa, don haka wanda ya duba takardar yana da dalilinsa na soke ta. Na uku, ra'ayin da ya fi rinjaye shi ne a ce "naman zuciya" a rediyo, a bar kalmomin bincike ga masu bincike. Malam ya kawo bayani a kan harshe, muna godiya, amma a harkar lafiya maganar wanda ya daɗe a bakin gado ita ake gabatarwa. Ina kuma tunatar da matasan zaure ladabin magana da manya.

Ɗaliba:

Alhaji, ku gafarce ni, taƙaitawar ba ta ɗauko abin da na faɗa daidai ba. Na ce fassarar Mushe tana buƙatar ƙarin kalma ɗaya, ban ce wanda ya soke ta yana da gaskiya ba. "Da ba tsoka ba" ta rasa daidaito kaɗan, kamar yadda kalmar Turawan ta rasa, amma "cike gurbi" tana koyar da abin da ya saɓa wa ilimi gaba ɗaya. Kuma Yaya ce kaɗai ta kawo "naman zuciya", Dokta bai goyi bayanta ba.

Mushe:

Na gode, ƴata. Ga abin da zan mayar wa mai dubawar gobe da safe, da hannuna zan kai masa domin mu zauna: "A cikin naman zuciya akwai ƙananan halittu da ido ba ya gani. Wasu su ne tsokar bugu, masu tsukewa su tura jini. Rabi ko fiye da rabi kuwa ba tsokar bugu ba ne: su ke shimfiɗe hanyoyin jini, su ke saƙa zaren da ke riƙe zuciya, su ke ɗinke ta idan ta ji rauni." Na cire ƙwaya, na cire tantani, na bar tsoka sau biyu. Baba Majo, in da hali ku karanta wa mutum biyu ko uku a unguwarku kafin azahar, ku gaya mini abin da suka fahimta.